An mayar da dosiyen mai neman aikin koyarwa a lise a Kamaru: kotu na da ta cewa kuwa?

Mai_Alli_Garwa:
Assalamu alaikum 'yan zaure. Tambayata ga lauyoyinmu ne da tsofaffin ma'aikata. Duk lokacin da aka buɗe konkur (jarrabawar gasa) na ɗaukar malaman lise, wato makarantun sakandare, sai an samu yaranmu da aka mayar wa dosiye, wato takardun neman aiki, tun ba su zauna jarrabawa ba. Wannan an ce shekarunsa sun haura, wancan takardarsa ta Maiduguri ko Khartum ba ta da ekibalans (shaidar daidaita ta da takardun karatu na Kamaru), wani kuma ranar haihuwar da ke kan bak ɗinsa (takardar kammala sakandare) ta saɓa da ta takardar haihuwa. Alhali lisen ƙauyukanmu bakater, wato malaman wucin gadi, su ne ke riƙe da su, iyaye na biyansu. Ni a ganina sharaɗin da zai hana mai ilimi aiki a inda ake neman malami ido rufe zalunci ne, ya kamata kotu ta rushe shi. Akwai hanya a doka ko ɓarnar kuɗi ce?

Metir_Benuwe:
Wa alaikumus salam Malam. Hanya akwai, sai dai alƙalin kotun harkokin mulki ba ya rushe takarda don tana da tsauri ko don makarantu na buƙatar malamai. Doka mai lamba 2006/022 ta 29 ga Disamba 2006 ta ba shi dalilai huɗu: an saɓa wa tsarin da ya kamata a bi wajen fitar da takardar, wanda ya sa hannu ba shi da hurumi, an karya wata doka ko dekre (dokar da shugaban ƙasa ko Firayim Minista ya sa wa hannu), ko an yi amfani da iko don wata manufa dabam. Idan kokenka bai shiga ɗaya daga cikin waɗannan ba, kome gaskiyarka za ka dawo hannu rabbana.

Abu na biyu, ba a zuwa kotu kai tsaye. Sai ka fara rubuta wa hukumar da ta yanke shawarar cewa ta janye, shi ne rekur girasiye. Wata 3 gare ka daga ranar da aka buga shawarar ko aka sanar da kai. In sun amsa da ƙi, kwana 60 gare ka ka shigar da ƙara. In sun yi shiru wata 3, doka ta ɗauki shirun a matsayin ƙi, kwana 60 ɗin su fara tafiya daga nan. Mafi yawan ƙararrakin 'yan konkur a wannan matakin suke mutuwa, alƙali bai ko buɗe batun shekaru ko na takarda ba.

Ɗan_Kuseri:
To Metir, ke nan wanda aka ƙi dosiyensa a Maris, kafin tsakiyar Mayu dole ya kai ƙara, kuma sai ya je Yawunde tunda can minista yake?

Tsohon_Magatakarda:
Ɗan Kuseri, duka biyun ba haka ba ne. Kwana 60 ba daga ranar da aka ƙi dosiye ake ƙirgawa ba, daga ranar da aka ƙi rekur ɗinka ne. A ce an liƙa sunaye ranar 10 ga Maris babu naka. Ka kai rekur ranar 20 ga Maris. Ba amsa har 20 ga Yuni. To ƙofar kotu a buɗe take gare ka daga nan zuwa wajen 19 ga Agusta. Mai hankali ba ya jiran makon ƙarshe, ya shigar a Yuli ya huta. Wanda kuma ya yi gaggawa ya kai ƙara a Afrilu, wata 3 ba su cika ba kuma ba a ba shi amsa ba, za a ce ya zo da wuri a kore ta.

Zancen Yawunde kuwa, tun dekre na 15 ga Maris 2012 kowane babban birnin jiha yana da kotun harkokin mulki: Marwa, Garwa, Ngaundere duk akwai. Dokar 2006 ta lissafa mazaunin mai ƙara cikin abubuwan da ke ba kotu hurumi, don haka ɗan Kuseri Marwa zai nufa. Ana ajiye sefa 20,000 a ofishin magatakarda lokacin shigar da ƙarar, in shari'a ta yi tsawo a nemi ƙari.

Abin da ya fi komai a wajena shi ne shaidar kai rekur. A buga kwafi biyu. A kai ofishin karɓar wasiƙu, a tsaya har ma'aikacin ya buga hatimi a kan kwafinka, ya rubuta kwanan wata da lambar rajista da hannunsa, a duba kwanan watan ya fito sarai, don hatimin da tawadarsa ta bushe sau da yawa wata kawai ake gani, ranar ta ɓace. In an ƙi ba ka deshaj, wato wannan shaidar karɓa, a biya wisiye (jami'in da doka ta ba ikon isar da takardu) ya kai. Wanda ya miƙa wa wani babba takarda a hannu a wurin ɗaurin aure ya ce ya yi rekur, bai yi komai ba a idon alƙali.

Hajiya_Domayo:
Allah ya saka, Baba Magatakarda. A ƙara da cewa abin da ka roƙa a rekur shi kaɗai za ka iya roƙa a kotu. Yara suna rubuta wasiƙar ban tausayi, "a duba halin da nake ciki", babu inda suka ce a soke shawara kaza mai kwanan wata kaza. In kana son diyya ma, a nan za ka ambace ta da adadinta.

Mai_Lissafi_Gider:
Ku bar ni in taɓa batun shekaru, don nan ne ciwon yake yanzu. Dekre 94/199 na 7 ga Oktoba 1994, wato babbar dokar ma'aikatan gwamnati, ya ce mai shiga rukunin A ko B kada ya wuce shekara 35. Malamin lise rukunin A ne: mai DIPES I (DIPES ita ce takardar shaidar malantar sakandare) yana A1, mai DIPES II yana A2. Shi ya sa konkur na shiga ENS, babbar makarantar horar da malaman sakandare, ke tsayawa a 28 ga masu bak, 32 ga masu lisans (digirin farko), domin in an ƙara shekara 3 ko 2 na horo mutum ya fito bai kai iyaka ba. A da lissafin ya yi daidai, saboda fitowa daga ENS ita ce shiga aiki.

Amma a 2022 gwamnati ta raba horo da ɗaukar aiki. Wanda ya shiga daga 2023, ENS za ta horar da shi, sannan ya jira MINFOPRA, ma'aikatar da ke kula da ma'aikatan gwamnati, ta buɗe konkur. Konkur na MINFOPRA na rukunin A kuwa yawanci 34 yake tsayawa, a ranar 1 ga Janairun shekarar. To wanda ya shiga da 32 ya fito da 34. In ba a buɗe gurbin fanninsa a wannan shekarar ba, ko ya faɗi sau ɗaya, shi ke nan an rufe masa ƙofa da DIPES II a hannu. Kuma mu nan arewa ne abin zai fi ci, saboda yaranmu da yawa ba sa shiga makarantar boko da wuri.

Metir_Benuwe:
Lissafinka daidai ne Malam, kuma abin damuwa ne ƙwarai. Sai dai a kotu hujjar ba ta da ƙarfin da ake zato. Minista bai wuce abin da dekre ya ba shi ba, 34 a Janairu na nufin 35 a cikin shekarar. Kuma ƙa'ida ce sananniya cewa ba wanda ke da haƙƙin a bar masa doka yadda ya same ta. Wanda ke da magana mai ƙarfi shi ne wanda ya shiga ENS ƙarƙashin arete (umarnin minista a rubuce) da ya ce za a ɗauke shi aiki, daga baya a ce masa ya je konkur. Don haka kowa ya nemi kwafin areten shekarar da ya shiga ya ajiye. Shi ma oditer libir, wato wanda ya shiga ENS don horo kawai, ya karanta nasa, zai ga tun farko an rubuta cewa gwamnati ba ta ɗauki alkawarin ba shi aiki ba, ko da DIPES ɗinsa iri ɗaya ne da na abokin ajinsa.

Sassaucin shekaru akwai shi a dekre na 1994, amma Firayim Minista ne ke bayarwa, mutum ɗaya ɗaya, ga rukunin A, kuma alfarma ce ba haƙƙi ba. Masu buƙata ta musamman ne ke da madogara ta doka: dokar 13 ga Afrilu 2010 ta ba su sassaucin shekaru wajen ɗaukar aiki. A haɗa katin naƙasa na ma'aikatar jin daɗin jama'a tun a dosiye, ba bayan an ƙi ba.

Ustaz_Mora:
Mu masu Larabci matsalarmu ba shekaru kaɗai ba ce. Yaro ya yi Azhar, ko Khartum, ko jami'ar Musulunci ta Say a Nijar, ya dawo yana jin Larabci fiye da wanda zai yi masa jarrabawa, a ce takardarsa ba ta shiga. Ga shi ENS ta Marwa tana da sashen Larabci, ana koyar da shi a lise. Wannan in ba wariya ba mene ne?

Malama_Ngaundere:
Ustaz, a yi haƙuri, a nan abubuwa biyu ake cakuɗawa. Na farko ekibalans: ma'aikatar ilimi mai zurfi ce ke bayarwa, bayan kwamitin tantance karatun ƙasashen waje ya zauna, kuma ba kullum yake zama ba. Rasit ɗin da ke nuna ka kai takardu ba ekibalans ba ne. Arete ɗin da sunanka ya fito a ciki shi ne ekibalans, kuma dole ya kasance a hannunka kafin ranar rufe karɓar dosiye. Wanda ya fito bayan nan ba ya komawa baya ya gyara maka.

Abubuwan da ke tsayar da dosiye a can sanannu ne. Ba a kawo sakamakon kowace shekara ba, sai takardar ƙarshe. Fassarar Larabci zuwa Faransanci ba ta mai fassara da hukuma ta amince da shi ba ce. An nemi ekibalans na digiri an manta da na sakandare, alhali wanda ya yi sanawiyya ko WAEC sai an fara daidaita ta da bak. Jami'ar da aka rubuta wa don tabbatar da takardar ba ta amsa ba, abin da ya yi tsanani ga 'yan Sudan tun da yaƙi ya ɓarke a Afrilun 2023. Sai kuma suna: a takardar Larabci an jera sunan mutum da na uba da na kaka, a takardar haihuwa suna biyu ne da rubutun Faransanci.

Na biyu, ekibalans na cewa takardarka daidai take da lisans ko mastar, ba ya mayar da ita DIPES. In arete ya ce masu DIPES II kaɗai, mai lisans na Yawunde ma ba ya shiga, balle na Alƙahira. Hanyarsa ita ce ya shiga ENS zagaye na biyu da wannan lisans ɗin. Haka wanda ya zo da B.Ed ko PGDE daga Yola ko Kano. A karanta layin a ga ko an rubuta "ko wata takarda da aka amince daidai take". In an rubuta, kuma ekibalans ɗinka ya ambaci matakin da ake nema, aka ƙi ka, to a nan ne kake da ƙara mai kyau, saboda hukuma ta karya sharaɗin da ta rubuta da hannunta.

Ustaz_Mora:
Na ji Malama. Amma in kwamitin ya riƙe dosiyen mutum har shekarunsa suka wuce, laifin wa?

Metir_Benuwe:
Shirun ma ana ƙalubalantarsa, Ustaz. A rubuta wa ministan ilimi mai zurfi a nemi ya yanke shawara, a karɓi deshaj, wata 3 su cika, a bi hanyar da Baba Magatakarda ya zayyana. Kuskuren da ake yi shi ne a kai ƙarar MINFOPRA a kan jinkirin da ba ita ta yi ba. Ma'aikatu biyu ne, rekur biyu ne.

Sarkin_Bakater:
Ni dai duk wannan bayanin na ji shi, amma ku gaya mini gaskiya. Kafin kotu ta yanke hukunci an yi jarrabawa, an fitar da sakamako, an tura mutane aiki. Ka ci shari'a ka ci me? Abin da ya taɓa motsa gwamnati a kan malamai ba kotu ba ce. A 2008, konkur na farko na ENS Marwa, 'yan majalisa da manyan arewa ne suka tsaya kai da fata har aka ƙara yawan waɗanda aka ɗauka. A Fabrairun 2022 yajin aikin malamai na OTS ne ya sa aka waiwayi masu jiran matirkil (lambar ma'aikacin gwamnati) da bashin albashi, kuma kowa ya tuna marigayi Malam Hamidu na lisen Beka, da ya yi kusan shekara 10 yana koyarwa ba albashi. Ba alƙali ne ya fito da maganarsa ba.

Hajiya_Domayo:
Allah ya ji ƙansa. Maganarka akwai gaskiya, amma waɗancan matsaloli ne na dubban mutane. Yaro ɗaya da aka cire sunansa bisa kuskure ba wanda zai yi yajin aiki dominsa.

Tsohon_Magatakarda:
Kan saurin lokaci, doka ta tanadi neman dakatar da zartarwa. Da zarar ka kai rekur, ba sai wata 3 sun cika ba, kana iya roƙon shugaban kotun ya dakatar da shawarar, in ka nuna cutarwar ba za ta gyaru ba kuma abin bai shafi tsaro ko zaman lafiyar jama'a ba. Ka haɗa kwafin shawarar da deshaj ɗin rekur. In ka samu dakatarwar sannan ka ƙi shigar da babbar ƙara cikin wa'adi, ta faɗi da kanta. Sai dai Sarkin Bakater bai yi ƙarya ba: dakatar da ƙin karɓar dosiye ba daidai yake da umarnin a ba ka kujera a ɗakin jarrabawa ba, kuma alƙalin mulki a tsarinmu soke takarda ya saba yi, ba ba wa minista umarni ba. Maki kuma ba ya taɓawa, wannan hurumin masu gyaran jarrabawa ne. Amfanin da aka fi samu shi ne rekur mai hujja, da aka kai cikin kwana biyu ko uku, ya sa a gyara kafin ranar rubutawa, don ana fitar da ƙarin sunaye.

Kada kuma mutum talatin su sa hannu a ƙara ɗaya. Ƙarar taro ba ta karɓuwa sai in takardar da ake ƙalubalanta ɗaya ce da ba ta rabuwa. Mai matsalar shekaru da mai matsalar ekibalans kowa tasa dabam.

Ɗan_Birketeri:
Tunda an ambaci 2008, ina da tambaya kan kason jihohi, wato rabon guraben konkur tsakanin jihohi. Bahaushen da aka haifa a Yawunde ko Duwala, wace jiha zai rubuta?

Mai_Lissafi_Gider:
Asalin iyaye ake kallo, ba inda aka haife ka ba. Rabon 1992 da aka fi ambata ya ba Arewa Mai Nisa kashi 18, Arewa 7, Adamawa 5, jimla 30 cikin ɗari. Abin kiyayewa shi ne abin da ka rubuta a fam ya dace da abin da takardun mahaifinka ke nunawa, kuma kada ka rubuta Adamawa bana ka rubuta Arewa baɗi. Kason kuma ba ya ceton dosiyen da bai cika sharaɗi ba, sai an karɓe ka ka rubuta jarrabawa sannan maganarsa ta taso.

'Yar_Mokolo:
Ku dawo kan takardar haihuwa don Allah, Malam Mai Alli ya ambace ta ba wanda ya amsa. A Mayo Tsanaga da Mayo Sava yara da yawa sai sun kai ajin ƙarshe na firamare ake yi musu jujuman a kotu, wato hukuncin da ke ba da damar yi musu takardar haihuwa, a ƙiyasta shekaru da ido. Daga baya wani ya sake yin wata takardar da ƙananan shekaru. Sai CEP, takardar kammala firamare, ta ɗauki wannan kwanan wata, bak ta ɗauki wancan.

Metir_Benuwe:
Wannan ba aikin kotun mulki ba ne, 'yar'uwa, kuma gara a gane da wuri. Gyaran takardar haihuwa kotun farar hula ce ke yi, ta yankin da aka yi rajistar. In kuskuren rubutu ne, harafi ɗaya a suna ko an juya rana da wata, a nemi hukuncin gyara, sannan a kai shi ga hukumar da ta ba da takardar jarrabawar, ofis na bak ko ma'aikata, su gyara tasu. Takardar shaidar cewa mai sunayen nan biyu mutum ɗaya ne tana taimakawa a kan bambancin rubutun suna, ba ta gyara kwanan wata.

In kuwa takardu biyu ne na gaske, ɗaya an yi ta don rage shekaru, kada a kai wannan ƙara gaban alƙalin mulki da sunan an zalunce ka. Za a nemi asalin rajista a ofishin magajin gari, in ba a samu ba ko aka samu sunan wani a lambar, magana ta koma ta jabu. Ko mutum ya ci konkur, ana sake tantance takardu lokacin shigar da shi aiki, kuma abin da aka samu da yaudara ana iya janye shi ko bayan shekaru. A fara zuwa kotu a soke ɗaya, a tsaya a kan ɗaya.

Ɗan_Kuseri:
Ga wani tarko ga masu karatu a Najeriya: karɓar takardar ɗan asalin ƙaramar hukuma don a biya kuɗin makaranta na ɗan ƙasa. Dokar zama ɗan ƙasa ta 11 ga Yuni 1968 ba ta yarda baligi ya riƙe ƙasa biyu ba, kuma sharaɗin farko na aikin gwamnati shi ne ka zama ɗan Kamaru. In fayil ɗin jami'a ya ce kai ɗan Borno ne an haife ka a Gamboru, takardar haihuwarka ta ce Fotokol, ranar tantancewa za ka sha tambaya. Mu masu sunayen Hausa a bakin iyaka da ma an fi sa mana ido.

Malama_Ngaundere:
Ƙananan abubuwa ma na kayar da dosiye, kuma babu kotun da za ta tausaya: kasiye judisiyer (takardar kotu da ke nuna ko an taɓa hukunta mutum) da ya wuce wata 3, kwafin da ba a buga masa tambur (kan sarki) na sefa 1,500 ba, takardar shaidar nuna asalin difloma da wani ya sa wa hannu ba gwamna ko pirefe ko su-pirefe (jami'an mulki na yanki) ba. Masu GCE kuma, darussa biyu na A Level da ake nema ban da na addini.

Mai_Alli_Garwa:
Na gode ƙwarai da wannan ilimi. Amma har yanzu ina kan bakana a kan shekaru. In dekre ne ya sa 35, a gyara dekren, ko a ware wa waɗanda suka riga suka yi shekaru suna bakater hanya tasu. Mutum ya koyar da lissafi shekara takwas a ƙauye da kuɗin APEE, ƙungiyar iyaye da malamai, ranar da aka buɗe gurbi a ce ya tsufa. Metir, shi areten buɗe konkur ɗin kansa ba a iya kai ƙararsa?

Metir_Benuwe:
Ana iyawa Malam, cikin wata 3 da buga shi, kuma wanda sharaɗin ya hana shiga yana da hurumi, haka ƙungiyar malamai mai rajista. Ko wa'adin ya wuce, mai ƙalubalantar ƙin dosiyensa yana iya kawo hujjar cewa sharaɗin da aka dogara da shi ya saɓa wa dekre. A ɗora areten kusa da dekre na 1994, da 2000/359 na ma'aikatan ilimi, da 2000/696 na tsarin konkur, a bi layi layi. In arete ya ƙirƙiro sharaɗin da ba shi da tushe a cikinsu, akwai abin kamawa. In kwafe su ya yi, maganar ta bar hannun alƙali ta koma ga masu sa hannu a dekre. Wanda ba shi da kuɗin lauya ya nemi tallafin shari'a ƙarƙashin dokar 14 ga Afrilu 2009, akwai kwamitinsa a kotuna.

Sarkin_Bakater:
To ai ga shi mun dawo inda na ce. Na shekaru sai 'yan majalisa da ƙungiyoyin malamai.

Hajiya_Domayo:
Na shekaru kaɗai. Na ekibalans da na cire suna bisa kuskure a bi rekur. Baba Magatakarda, in minista ne ya sa hannu amma a ofishin jiha aka karɓi dosiye, rekur ɗin a ina za a ajiye shi?

Tsohon_Magatakarda:
Sunan minista za a rubuta a kai, Hajiya, tunda shi ya yanke shawarar. Mafi aminci a kai ofishin wasiƙun ma'aikatar a Yawunde, ko ta hannun wisiye na can, a ajiye kwafi a ofishin jiha shi ma a karɓi deshaj. In ofishin jiha kaɗai aka kai, lauyan gwamnati na iya musun ranar da takardar ta isa, kuma daga wannan ranar ake ƙirga wata 3.